Sihirin Sarrafa Lokaci a Ƙagaggun Labaran Hausa: Abin da Boka Ke Iyawa da Abin da Ya Gagare Shi

Gabatarwa

Duk wanda ya saba da ƙagaggun labaran Hausa na jaruntaka, tun daga waɗanda Hukumar Talifi ta buga a Zariya cikin 1934 har ya zuwa littattafan yaƙi da suka cika rumfunan 'yan littattafai a Kasuwar Sabon Gari ta Kano daga baya, ya san cewa boka a cikinsu ba ƙaramin mai iko ba ne. Yakan mai da mutum kare, ya gina fada a ƙarƙashin teku, ya duba madubin tsafi ya hango abin da ake ƙullawa a birnin da ke bangon duniya, ya kuma aiki aljani ya ɗauko gimbiya daga kan gadonta ba tare da ta farka ba. Amma akwai abu guda wanda da wuya a ga ya yi, watau ya komo da jiya. Idan an kashe ɗansa a fagen fama, iyakarsa ya yi rantsuwar ɗaukar fansa. Ba ya karanta wani ɗalasimi ya koma safiyar ranar ya hana yaron fita.

Wannan abin lura ne, domin a labaran ƙasashen Turai da Amurka, har ma da na Indiya na baya-bayan nan, komawa baya cikin lokaci ya zama jigo mai zaman kansa, yana da ƙa'idojinsa da masanansa. Maƙasudin wannan maƙala shi ne a duba hanyoyin da Bahaushe ya yarda a taɓa lokaci a cikin labari, da inda ya samo su, sa'an nan a nemi dalilin da ya sa ya bar ƙofa ɗaya a rufe. Za a riƙa waiwayar Fagge da Sabon Gari, saboda a wannan yanki na Kano ne ayari da jirgin ƙasa da silima da kasuwar littattafai suka haɗu, kowanne kuwa ya taɓa yadda mutane ke jin tsawon lokaci.

Tilas ne a share wata ƙura tun da wuri. Wasu misalan da za a kawo daga Alƙur'ani mai girma suke, da Hadisi, da labaran waliyyai. Waɗannan mu'ujiza ce da karama, ikon Allah ne, ba su da dangantaka da sihiri. An kawo su ne kawai domin su ne suka tsara wa mai ƙaga labari iyakar abin da hankalin masu sauraronsa zai ɗauka.

Sihirin da ke jiran sa'a

Kafin a tambayi yadda sihiri ke juya lokaci, ya kamata a ga yadda lokaci ke juya sihiri. A wajen malaman tsibbu da masu bugun ƙasa babu aikin da ake yi kara zube. Kowane hatimi yana da ranar da ake zana shi, kowace rana kuma an kasa ta sa'o'i, kowace sa'a tana ƙarƙashin ɗaya daga cikin taurari bakwai: Zuhal, da Mushtari, da Mirriku, da Shamsu, da Zuhura, da Uɗaridu, da Ƙamar. Aikin soyayya yana da sa'arsa, na raba tsakani yana da tasa. In sa'ar ta wuce sai haƙuri, a jira ta sake zagayowa.

Wannan ilmi ya daɗe a ƙasar Hausa, ya kuma fitar da masana waɗanda sunansu ya kai gabas. Mafi shahara shi ne Muhammadu ɗan Muhammadu Alkatsinawi, Bafillacen Katsina, wanda ya tafi aikin hajji, ya zauna a Alƙahira har ya rasu a can cikin 1741. Ya wallafa littafi a kan hatimai masu gidajen lissafi, da kuma wani mai suna Addurrul Manzum a kan ɗalasimai da taurari. Mai nazarin irin waɗannan littattafai zai tarar da tsari cikakke, mai sharuɗɗa da ƙididdiga, wanda bai gaza wanda marubutan Turai ke ƙaga wa matsafansu ba. Sai dai a cikin wannan tsari lokaci shi ne ubangida, mai sihiri kuwa bara ne da ke tsugune a ƙofa yana jiran a ba shi izini.

Harshen ma ya nuna haka. Kalmar sa'a, wadda aka aro daga Larabci, tana nufin yanki na yini, tana kuma nufin dace. Bahaushe ya ce sa'a ta fi manyan kaya. Wanda ya yi sa'a shi ne wanda aikinsa ya faɗa daidai kan lokacin da aka rubuta masa. Haka kuma kowane asiri yana da wa'adi, yana da abin da ke karya shi. Ashe ke nan tun daga tushe Bahaushe bai ɗauki boka a matsayin wanda ya fi ƙarfin zamani ba.

Naɗe ƙasa

Hanya ta farko, wadda ta fi kowace yawa a labarai, ita ce gajarta tafiya. Sufaye suna kiranta ɗayyul ardi, da Hausa a ce naɗe ƙasa, kamar yadda ake naɗe tabarma har bakinta biyu su haɗu. Asalinta sananne ne. A Suratun Namli an ba da labarin yadda aka kawo wa Annabi Sulaimanu gadon sarautar Bilƙisu kafin ƙiftawar ido, malaman tafsiri da yawa kuma sun ce wanda ya kawo shi Asifu ɗan Barkiya ne. Ga kuma Isra'i da Mi'iraji a dare ɗaya. Daga nan ne jama'a suka riƙa ba da labarin waliyyan da akan gan su a garinsu da hantsi, a kuma gan su suna sallar azahar a Makka.

Masu hikaya suka ɗauki siffar wannan abu suka ɗora wa aljanu. A Dare Dubu da Ɗaya, wanda fassararsa ta Hausa ta fito tun 1924, akwai Ma'arufu baduku, wanda ya guje wa masifar matarsa a Misira, wani aljani ya ɗauke shi cikin dare ya dire shi a wani birni mai nisa. Da ya ce wa mutanen birnin jiya yana Alƙahira, sai suka mai da shi mahaukaci, don a saninsu tafiyar shekara guda ce. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, Alhaji Imam ya share shekaru yana gararamba gari gari yana fama da Malam Zurƙe, amma ruwan da ya fita nema bai samu ba sai da aljanu suka shigo cikin al'amarin. Marubutan littattafan yaƙi na Kano, irin su Abdul'aziz Sani Madakin Gini, sun gaji wannan dabara sun kuma ƙawata ta da lissafi: akan faɗi tsawon tafiyar bisa doki, sa'an nan a faɗi 'yan sa'o'in da aljani zai yi ya keta ta, domin mai karatu ya auna ƙarfin aljanin da kansa.

Me ya sa wannan nau'i ya fi shiga ran Bahaushe? Amsar tana Fagge. Tun ƙarnoni da suka wuce Fagge zango ne a bayan ganuwa, inda ayarin Buzaye da sauran baƙin arewa ke sauke kaya. Mutumin da ya zauna a nan ya san cewa tsakanin Kano da Tarabulus watanni ne bisa raƙumi, ya san fataken Gwanja sukan yi watanni kafin su komo da goro, ya kuma san mai niyyar hajji a ƙasa yakan yi sallama da iyalinsa sallamar da ba lalle a sake ganawa ba, don tafiyar takan ci shekaru, wasu ma sukan zauna a Sudan har abada. Ga irin wannan mutum babban abokin gaba shi ne nisa. Ba ya mafarkin ya gyara abin da ya wuce. Mafarkinsa ya rufe ido ya buɗe ya gan shi a inda ya nufa.

Abin mamaki, wannan mafarki a gaban mutanen Fagge ya tabbata. Layin dogo ya iso Kano cikin 1911, aka kafa Sabon Gari wajen 1913 domin ma'aikata da 'yan kasuwar da suka biyo shi daga kudu. Ran 1 ga Nuwamba 1925 jiragen sama na farko suka sauka a Kano, sun taso daga Masar. Da jirgin ƙasa ne kuma wani sabon lokaci ya shigo, wanda ba ruwansa da hantsi ko la'asar sakaliya. Kalmar agogo daga Yarabanci aka aro ta, inda take nufin ƙararrawa, kalmar ƙarfe kuwa ta "ƙarfe biyu" tana tuna ƙarfen da akan buga don sanar da sa'a. Tun daga sa'an nan aikin aljanin labari ya ƙaru. Wanda ya je Jidda cikin 'yan sa'o'i ba zai yi mamakin aljanin da ya yi haka ba, shi ya sa marubutan baya suka riƙa tura tafiyar zuwa bayan tekuna bakwai, Umaru Dembo ma a Tauraruwa Mai Wutsiya ta 1969 ya fitar da yaronsa daga duniyar ɗungum ya kai shi sararin sama.

A lura dai, naɗe ƙasa bai taɓa jerin kwanaki ba. Jiya tana nan a jiya. Hanya kawai aka gajarta.

Tsayar da lokaci

Hanya ta biyu ta fi zurfi. A nan akan cire mutum ɗaya, ko wuri ɗaya, daga cikin gudun zamani, duniya ta ci gaba da tafiya ta bar shi. Tushenta shi ne labarin As'habul Kahfi, samarin da suka yi barci a kogo shekara 309, suka farka suna zaton yini ɗaya suka yi ko wani yanki nasa. Abin da ya tona al'amarin shi ne kuɗin azurfar da ɗayansu ya kai kasuwa, wanda masu tafsiri suka ce na wani sarki ne da ya daɗe da shuɗewa. Akwai kuma mutumin da aka ambata a Suratul Baƙara, aya ta 259, wanda galibin malamai suka ce Uzairu ne. Shekara 100 ya yi, ya tashi ya tarar abincinsa da abin shansa ba su sāke ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Ga mai nazarin labari wannan wuri ne na tsayawa: a bigire ɗaya lokaci ya bi ta kan jaki ya tsallake ƙwarya.

Hikayoyi sun yi amfani da wannan siffa ta fuskoki da dama. Aljanin da masunci ya tsamo cikin tulun tagulla a Dare Dubu da Ɗaya ya fito yana neman gafarar Annabi Sulaimanu, sai da masuncin ya gaya masa cewa Sulaimanu ya shekara 1,800 da rasuwa. A wata hikayar kuma wata mata 'yar Bagadaza ta sauka a birnin da aka mai da mutanensa duwatsu, kowa a inda hukunci ya same shi, mai ciniki a rumfarsa, sarauniya a ɗakinta da adonta, ba wanda ya tsira sai ɗan sarkin da ke karatun Alƙur'ani. Kusan duk inda aka ga sihirtaccen birni a littattafan Hausa na baya, wannan hoto ne ake sake zanawa.

Gandoki na Bello Kagara bai yi barci a kogo ba, amma ƙashin labarin iri ɗaya ne. Jarumin ya yaƙi Turawa, ya bi gabas, ya faɗa ƙasashen aljanu ya daɗe yana fama, sa'an nan ya komo ya tarar da ƙasar da ya bari ta zama wata, takobinsa ba shi da sauran aiki a cikinta. Zaman da ya yi cikin aljanu shi ne kogonsa. Bello Kagara ya yi amfani da wannan dabara ya haɗa zamani biyu a bakin mutum ɗaya, na kafin zuwan Turawa da na bayansa, abin da kuwa ya fi dukan yaƙe-yaƙen littafin nauyi ke nan.

A cikin asiran gargajiya ma akwai ƙanen wannan. Sagau, a yadda masu shi ke faɗi, yakan sa hannun wanda ya ɗaga makami ya sage ya kasa saukowa. Shashatau yakan sa mai neman hakkinsa ya yi ta cewa gobe har maganar ta bi ruwa. Amma misalin da ya fi kowane nauyi shi ne kwantaccen ciki. Mata da yawa a ƙasar Hausa sun yi imani cewa ciki yakan kwanta, ya daina girma wata da watanni ko shekaru, ko don ciwo ko don sammun kishiya, sa'an nan ya tashi ya ci gaba daga inda ya tsaya. Likitocin asibiti ba su yarda da haka ba, suna fassara abin da ɓari wanda ba a lura da shi ba da kuma sabon ciki daga baya. Sai dai fiƙihun Malikiyya ya ba da tsawon muddar ciki har shekara 4 ko 5, kuma wannan na cikin hujjojin da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Jihar Katsina ta dogara da su cikin Satumba 2003 ta sallami wata bazawara da ƙaramar kotu ta yanke wa hukuncin jefewa. Ko mene ne ra'ayin mutum a kan ilmin abin, a nan tunanin cewa lokaci na iya tsayawa ga wani ya bar wani ya fita daga tatsuniya ya tsaya tsakanin mace da ajalinta.

Shekaru cikin ƙiftawar ido

Hanya ta uku kishiyar ta biyu ce: mutum ya rayu shekaru, ya komo ya tarar ko ruwan da ya ɗora bai tafasa ba. Akwai hikayar da ta zaga ƙasashen Musulmi, wadda aka rubuta a littafin Turkawa na Wazirai Arba'in, ta wani sarkin Masar da ya yi shakkar Mi'iraji. Wani shehi ya sa aka kawo kwatarniyar ruwa, ya ce masa ya tsoma kansa. Da tsomawa sai sarki ya gan shi a bakin teku a wata ƙasa, ba kowa ba komi. Ya yi aure a can, ya haifi 'ya'ya, ya talauce har ya koma dako, shekara 7. Ran nan ya shiga ruwa zai yi wanka, ya ɗago kai, sai ga shi gaban kwatarniya, fadawansa na tsaye yadda ya bar su. Wannan nau'i bai yawaita a rubutattun labaran Hausa ba, abin takaici kuwa, don ya fi sauran ba marubuci sarari.

Ɗan'uwansa na bakin kasuwa shi ne dabo. Ana ba da labarin masu rufa-ido da kan shuka iri a gaban jama'a, su rufe da ƙyalle, su buɗe a ga tsiro, su sake rufewa a ga ya yi ganye. Masu wannan wasa a Indiya da ƙwallon mangwaro suke yi, sirrinsa kuwa sananne ne: rassa ne masu girma daban daban aka ɓoye, ana musanya su a ƙarƙashin ƙyallen yayin da surutu da kiɗa suka ɗauke hankalin 'yan kallo. Sunan da Bahaushe ya ba abin ya isa sharhi. Bai ce an gaggauta damina ba, cewa ya yi an rufe ido.

Mai rufa-idon da ya fi duka shi ne silima. Hausawa sun fara saninta da sunan majigi, kalmar da ta fito daga sunan da Turawa ke kiran fitilar nuna hotuna, wanda ma'anarsa fitilar sihiri. An buɗe gidan silima na Rex a Kano cikin 1937, daga baya aka sami irin su El Dorado a Sabon Gari da Plaza a Fagge. A waɗannan gidaje ne samarin Kano suka saba ganin yaro yana gudu a fim ɗin Indiya, a nuna ƙafafunsa, kafin a ɗago sama ya zama ƙato mai gashin baki. Wannan bai ba su wuya ba, don mai tatsuniya ya riga ya koya musu "kwanci tashi" da "a kwana a tashi", waɗanda kan haɗiye shekara 20 cikin numfashi ɗaya.

Ƙofar da aka bari a rufe

Duk hanyoyin nan uku gaba suke fuskanta. Ana gajarta lokaci, ana tsayar da shi, ana shimfiɗa shi, amma ruwan bai taɓa komawa tudu ba. Ko a Hadisin da ya ba da labarin tsayar wa Annabi Yusha'u rana har ya gama yaƙi, jinkirta faɗuwarta aka yi.

A Turai kuwa, tun da H. G. Wells ya wallafa littafinsa na na'urar keta zamani cikin 1895, marubuta suka mai da lokaci kamar hanya wadda ake bi gaba a bi baya. Fim ɗin Back to the Future na 1985 ya nuna saurayin da ya koma shekara 30 baya, ya kusa hana iyayensa haɗuwa, watau ya kusa shafe kansa. A fim ɗin Prince of Persia na 2010 wuƙa ce mai yashi a ƙotarta ke komar da abin da ya auku. A fim ɗin Tamil mai suna 24, na 2016, agogon hannu ne. Irin waɗannan finafinai sun shigo Kano ta faifai da wayar hannu, ba mamaki kuwa marubuci matashi ya yi sha'awar bai wa bokansa irin wannan iko.

Kafin ya yi haka, ya kamata ya san abin da zai yi karo da shi. Na farko aƙida. Imani da ƙaddara, mai daɗi da marar daɗi, rukuni ne na imani, Bahaushe kuma kan taƙaita shi da cewa bakin alƙalami ya bushe. Mai karatu zai yarda boka ya tashi sama, don ya san sihiri akwai shi, kuma ya san a ƙarshen littafi bokan zai hallaka. Amma bokan da ya goge abin da ya riga ya auku ya shiga hurumin da ba na halitta ba. Akwai Hadisin da ya hana zagin zamani, akwai kuma wanda ya yi gargaɗi a kan faɗin "da na yi kaza da kaza ya faru", don yana buɗe wa Shaiɗan ƙofa. Labarin komawa baya kuwa gaba ɗayansa wannan "da" ɗin ne aka mai da shi littafi.

Na biyu, hikimar mutane ta riga ta yanke hukunci. Da na sani ƙeya ce, in ji Hausawa, a baya take. Mutum na ɗauke da ita duk inda ya je amma ba ya ganinta, balle ya juya ya fuskance ta. Labaran Hausa da yawa, tun daga tatsuniyar kishiyar da ta tura 'yarta kogi don ƙyashi har zuwa littattafan soyayya na Kano, a kan wannan ƙeya aka gina su. In aka ba tauraro ikon gyara kurensa, nadama ta rasa daraja, tuba ta rasa wuri, mutuwar da aka yi kuka a kanta a babi na 3 ta zama wasa a babi na 9.

Marubutan Turai da kansu sun gane wannan haɗari, shi ya sa masu gwaninta a cikinsu ke ɗaure sihirin da sharuɗɗa. A wasan Dungeons & Dragons, wanda ya fito cikin 1974, akwai ɗalasimin tsayar da lokaci, amma an ajiye shi a daraja ta 9, wadda ita ce ƙololuwa, ba ya wuce ɗan taƙi, kuma a bugun wasan na baya-baya yakan karye da zarar mai shi ya taɓa wani da aikinsa. Wannan bai yi nisa da sharaɗin layar Bahaushe ba. A littafi na uku na Harry Potter, na 1999, an ba wata ɗaliba ƙaramin agogon yashi wanda kowane juyi ɗaya ke komar da ita sa'a guda. Amma da ita da abokinta suka koma, sai ya bayyana cewa duk abin da suka je yi ya riga ya auku tun a karon farko, su ne dai ba su gane ba. Ba su sāke komi ba, cika abin da aka rubuta suka yi.

Wannan nau'i na ƙarshe shi ne wanda zai iya zama a cikin Hausa ba tare da ya yi baƙunta ba, domin tsohon jigo ne cikin sabuwar riga. Hikayoyi sun cika da sarkin da masu duba suka gaya masa ɗan da za a haifa zai karɓe gadonsa, ya sa a jefa jaririn a kogi, jefawar kuwa ita ce ta kai yaron gidan da zai girma ya komo. Marubucin da ya tura jaruminsa shekaranjiya don ya ceci ɗan'uwansa, jarumin ya tarar cewa ƙurar dokinsa ce ta firgita dokin ɗan'uwan tun farko, bai saɓa wa mai karatunsa ba.

Sauran wahalar ta nahawu ce, kuma ba ƙarama ba ce. Hausa ta ware wa kwanaki sunaye a jere, shekaranjiya, jiya, yau, gobe, jibi, gata, citta, ta kuma ware wa shekaru bara da bana da baɗi, kowanne an auna shi ne daga inda mai magana ke tsaye. Jarumin da ya koma shekaranjiya, ranar da ya baro ta zama jibi a gare shi, alhali kuwa ya riga ya ci tuwonta. In ya ce "jibi na ga gawarsa", ya haɗa shuɗaɗɗen lokaci da ranar da ba ta zo ba, kunnen Bahaushe zai ƙi jimlar. In ya ce "jibi zan ga gawarsa", ya yi ƙarya, don ganin ya wuce, kuma abin da ya zo hanawa ke nan. Ɗaliban nahawu da ke wannan sashe za su iya gwada jimlar a kan tsofaffin Fagge, a ji wacce za su zaɓa.